Aljihun Wando Mai Lamba 217

Litinin, ƙarfe ɗaya na rana, lokacin hutu

Wannan littafin na ƙanena Auta ne. Ya yi lissafi a shafi goma sha ɗaya, sauran duk fari ne. Inna ta ce a ɗauke shi daga inda za ta gani, shi ne na ɗauko. Ni ban wuce aji shida ba, rubutuna ba kyau, amma ba wanda zai duba.

Yau na koma aiki bayan kwana goma sha biyu da rasuwar Auta. Madam, mai shagon wanki da gugar da nake yi wa aiki, ta dafa kafaɗata ta ce abin ya taɓa ta. Sai ta ce, "Ka dai san ba duk 'yan sanda ne haka ba. Kai ma ai ba kamar sauran naku kake ba." Na ce na gode. Shekara huɗu ke nan ina yi mata godiya a kan wannan maganar.

Kayan ofishin 'yan sanda suna nan jibge kamar kowace Litinin. Mu ke wanke musu, mu goge. Tsoho, wanda ke kan injin wanki, ya ce, "Ɗana, bar mini su yau, ka ɗauki zannuwan otal." Na ce ya bari. Na goge riga talatin da biyu. Ban ƙona ko ɗaya ba.

Talata, da yamma

Gidanmu ya yi shiru. Da can maƙwabta kullum cikin ƙorafi suke, wai mu masu ihu ne. Ba ihu muke yi ba. Auta ne ba ya ji sai da abin kunnensa, shi ma sai an ɗaga murya. Shekara goma sha bakwai muna magana da ƙarfi har ta zame mana jiki. Inna ko gishiri za ta ce a miƙo mata sai an ji a ƙasan bene. Yanzu sai na matso kusa kafin in ji abin da take cewa.

Ta zuba abinci kwano huɗu. Yaya ta ɗauke ɗaya ta mayar tukunya, ba wanda ya kalli wani.

Laraba, ƙarfe bakwai na yamma

Lauya ta zo. Yarinya ce, ba za ta wuce sa'ar Yaya ba, takalminta ɗaya ya fara buɗe baki. Ta karanta mana takardar 'yan sanda a kan mutuwar Auta. Takardar ta ce an ce ya tsaya bai tsaya ba, ya ruga, ya faɗo daga matakalar gadar jirgin ƙasa. Ta ce ba wanda ya taɓa shi, motar asibiti ce ta ɗauke shi daga wurin.

Ni na je na duba shi a asibiti. Ba zan rubuta abin da na gani ba. Amma matakala ba ta da yatsu.

Takardar shiga makarantar gyaran lantarki ya je karɓa a ƙetaren gada, da rana tsaka. Baƙin yaro da jaka a baya, a unguwar da irinmu ba sa shiga sai da tsintsiya ko kwandon kaya. Abin da suka gani ke nan. Sun kira shi ta baya. Auta ko mota ce ta yi ƙaho ta bayansa sai ya ga inuwarta yake sani.

Sun maido mana jaka, da takalmi, da riga a leda. Babu abin kunnen. Da Yaya ta tambaya a ofis, na kan tebur ya ce, "Irinku kullum da abin da za ku ce an ɗauke muku."

Lauya ta ce kwamitin bincike zai zauna Alhamis ta sama da mai zuwa, saura kwana goma sha biyar. In ba mu kawo abin da zai nuna ya shiga hannunsu ba, za a rufe maganar a kan cewa faɗowa ya yi. Mai sayar da jarida a gindin gadar ya gaya wa Yaya ya ga sun tura shi cikin mota da ƙafafunsa. Yanzu ya ce ranar idonsa na ciwo.

Alhamis, da safe

Saura goma sha huɗu.

Juma'a, lokacin hutu

Yaya ta ce, "Malam Haƙuri, yau rigar wane ka goge a cikinsu? Ka sa mata sitaci da kyau?" Inna ta ce ta ƙyale ni. Yaya ta ce ita ba ta ce komai ba, tambaya ta yi. Ta ce da ita ce da tuni ta ɗora musu dutsen guga ta tafi shan iska.

Ita ma ta san kuɗin hayar ɗakin nan daga ina yake fitowa. Na kuma san ba da ni take faɗan ba. Da safe na gan ta tana shanshana hular Auta a bayan ƙofa.

Litinin, ƙarfe biyu da rabi, a bayan shago

Bari in rubuta yadda abin ya faru, ɗaya bayan ɗaya.

Dokar Madam uku ce. Ta farko, kowane kaya yana da lamba, ni nake rubuta ta da tawadar da ba ta fita, a cikin ƙugu ko wuya. Ta biyu, hannu ke fara bin kaya kafin ruwa ko dutsen guga su taɓa shi. Ta uku, duk abin da aka tsinta a jikin kaya a sa shi a ambulan don a ba mai shi, a rubuta a jan littafi da lambar kayan, ita kuma ta sa hannu kafin a tashi.

Wando mai lamba 217 ya yi mako uku bai zo ba. Yau ya zo a dunƙule, yana warin akwati, gwiwar dama da busasshen taɓo. Na juye aljihu, ba komai, sai huji a na hagu. Wandonsu ruɓi biyu ne, akwai yadi na ciki, abin da ya zurara ta huji can ƙasa yake tafiya. Na bi ƙafar da hannu. A kalmasa na ji wani ɗan abu kamar ƙwallon dabino. Na turo shi sama har ya fito.

Wallahi hannuna ya riga kaina. Na ɗauki biro na rubuta a jan littafi: abin kunne ɗaya, ya tsage, wando 217. Sai da na zo sa shi a ambulan na juya bayansa.

Ɗigo uku na tawadarmu. Ni na ɗiga su da hannuna bara, da Auta da wani yaro suka riƙa musayar nasu a makarantarsu.

Na shiga bayi na kulle. Ban san minti nawa na yi ba. Tsoho ya buga ƙofa ya ce, "In haihuwa kake yi ka faɗa, a kira ungozoma."

Litinin, ƙarfe shida

Madam ta sa hannu a shafin tana waya, ko kallonsa ba ta yi ba. Ambulan ɗin na cikin rigar teburin gugata, ƙarƙashin soso, ta gefen da dutse ba ya zuwa.

Talata, da yamma

Ban gaya wa kowa ba.

Laraba, lokacin hutu

An mayar musu da kayansu. Na wanke 217, na ɗinke hujin, na fitar masa da kari kamar wuƙa. Ban san dalilin da ya sa na ɗinke hujin ba.

Ni ban san fuskokinsu ba, kayansu na sani. Na san wanda matarsa ta daina duba masa maɓalli. Na san wanda ke cin abinci a mota. 217 ƙugunsa talatin da takwas, yana jan ƙafar hagu don kalmasar nan ce ke cinyewa, yana zuba turare a wuya har ya bar tabo. Shekara biyu ina goge masa kaya. Ya taɓa mantuwa da zanen da 'yarsa ta yi masa a aljihu, gida da rana da kare. Na goge takardar na sa masa a ambulan.

Alhamis, da safe

Inna har yanzu tana da batir ɗin kunnensa guda huɗu a cikin gwangwanin allura. Na gan ta tana ƙirga su, ta mayar. Saura bakwai.

Juma'a, ƙarfe huɗu

Ya zo.

Ba kaki a jikinsa, amma tun daga ƙofa na ji ƙafar hagu tana goge daɓe. Sai turaren ya biyo baya. Mutum ne mai fara'a, da zobe a ƙaramin yatsa. Ya tambayi Madam lafiyar bayanta. Ya ce ko an tsinci wani ɗan abu a kayan ofis, ba wani abin kirki ba ne, na abokinsa ne.

Madam ta ɗaga murya, "Dogo, an samu wani abu a kayan ofis?"

Na ce, "Biro biyu da mataji, an mayar."

Ya leƙo ta kan kanta. Shekara biyu kayansa na shigowa shagon nan, yau ya fara kallona. Ya ce, "Kamar na san fuskar nan."

Na ce, "Duk kama muke yi, yallaɓai."

Ya yi dariya, Madam ma ta yi. Tsoho ya ƙara wa inji gudu. Mutumin ya tsaya yana juya zobensa, yana kallon hannuna a kan dutsen guga, har na gama hannun riga ɗaya na juya ɗayan. Sannan ya ce a gaida gida.

Bai tambayi inda gidan yake ba.

Asabar, bayan an tashi

Madam ta buɗe jan littafi. Na gan ta ta madubin ƙofa, tana bin layi da yatsa, sai yatsan ya tsaya. Ta cire tabarau ta goge ta mayar.

Ta kira ni ofishinta ta rufe ƙofa. Ta ce, "Ina ambulan ɗin?" Na ce yana nan. Ta ce, "Na ƙanenka ne?" Ta zauna.

Ta ce, "Ka saurare ni, Dogo. Aikin ofishin nan shi ke riƙe da shagon nan. In ya tafi, ni da kai da Tsoho duk mun tafi. Kuma ba a nan abin zai tsaya ba, ka fi ni sani. Kana da uwa, kana da 'yar'uwa. Ka kawo shi Litinin in ce a cikin inji ya maƙale. Ba zai dawo maka da yaron ba."

Na ce na ji.

Ta ce, "Kai mai hankali ne. Kullum ina faɗa wa mutane."

Na ce na gode.

Na ciro ambulan ɗin na sa a safa na tafi da shi gida. Yana cikin takalmin Auta na ƙafar dama.

Lahadi, ƙarfe goma na safe

Akwai motar sintiri a bakin layinmu, gaban shagon mai gyaran waya. Shekara tara muna gidan nan, ba su taɓa tsayawa a nan ba sai in ɗaukar wani za su yi.

Lahadi, ƙarfe biyar

Tana nan.

Litinin, lokacin hutu

Sun tare Yaya a hanyar aiki. Sun zazzage mata jaka a kan titi, har da abin da mace ba ta so a gani, suka ce ta kwashe. Ɗaya ya ce, "Bene na uku, ƙofa mai shuɗin fenti, ko? Ki gaida ɗan'uwanki mai guga." Ta kira ni tana huci, ta ce me na yi musu, ni da ko ƙuda ba na kora. Na ce ban sani ba.

Madam ta tambaye ni da ido. Na ce na manta ambulan ɗin a gida. Ta daɗe tana kallona. Sai ta ɗauko jan littafi, ta buɗe a gabana, ta yage shafin tun daga tushe. Ta dunƙule shi ta cusa a aljihun rigar aikinta. Ta ce, "Yanzu abin da ke hannunka ɗan roba ne kawai. Kowa zai iya cewa a titi ka tsinta, ko a gida yake tun farko."

Gaskiya ta faɗa. Ba shafin, ba abin da ya haɗa shi da 217 sai bakina. Bakin irina kuwa na san nauyinsa a wurinsu.

Na koma na goge riga ashirin da tara. Saura uku.

Talata, da safe

Ban yi barci ba. Na yi ta tunanin in mayar musu. Inna ta riga ta binne ɗa ɗaya.

Talata, ƙarfe uku

Ran Talata ake wanke rigunan aikinmu. Kowa ya cire tasa ya jefa a kwando, har Madam.

Ina cikin guga Tsoho ya zo ya tsaya a gefena yana soshe-soshe. Ya ce, "Sarkin guga, tuna mini doka ta biyu, tsufa ya fara cin kaina." Na ce hannu kafin ruwa. Ya ce, "Ta uku fa?" Na ce abin da aka tsinta a ba mai shi. Ya ce, "To ni ban iya karatu ba, amma wannan mummunan rubutun ko a lahira na gan shi na san naka ne." Ya ajiye mini dunƙulalliyar takarda a kan tebur ya koma wurin injinsa.

Na rage wutar dutse. Na shimfiɗa ƙyalle a kai na bi ta a hankali, ciki da baya. Ta miƙe. Kwanan wata yana nan, rubutuna yana nan, 217 yana nan, sa hannun Madam yana nan a ƙasa.

Shekara talatin Madam na wannan sana'a. Tsoho ya ce ko tsinken sakace bai taɓa samu a aljihunta ba. Na ɗaga kai. Tana bakin kanta ta ba ni baya, tana jera rataye waɗanda a jere suke tun safe. Ba ta juyo ba har na tashi. Ban sani ba ko mantuwa ta yi. Ba zan tambaye ta ba.

Laraba, ƙarfe ɗaya

Na je wurin Lauya ta ƙofar kasuwa, na fita ta wajen masu kifi, don kada a bi ni. Ta ɗauki hoton abin da na takardar. Ta ce lambar da ke jikinsa za ta dace da ta katin asibitinsa, in Inna na da katin. Na ce Inna ko takardar rigakafinsa ba ta yar ba.

Na miƙa mata ta ajiye. Ta ƙi karɓa. Ta nuna mini ƙofar ofishinta, an sa sabon kwaɗo, katakon gefen a farfashe. Ta ce shekaranjiya aka shiga, ba a ɗauki ko fanka ba, takardu kawai aka bincike. Ta ce, "Hoto za su ce haɗawa aka yi. Sai abin da kansa, da wanda ya tsinta, a gaban kwamiti. Amma sai ka faɗi sunanka da inda kake aiki, mai wandon kuma yana zaune yana ji. Ba zan ce maka ba abin da zai biyo baya ba."

Na ce ƙarfe nawa. Ta ce goma.

Laraba, bayan cin abincin yamma

Na ɗauko takalmin na zazzage a kan tabarma, gaban Inna da Yaya. Na faɗa musu komai.

Yaya ta rufe baki da hannu biyu. Can ta ce, "Kwana tara kana ɗauke da wannan, ina zaginka?" Na ce ai zagin bai yi yawa ba. Ta kai mini duka a kafaɗa, sai ta bar hannun a wurin.

Inna ta tashi ta ɗauko gwangwanin allura. Ta buɗe ɗan murfin da farce yadda take yi masa kowace Asabar, ta cire tsohon batir ta sa sabo, ta rufe. Ta dunƙule shi a tafin hannunta.

Ya yi fito. Siririn fiton nan da yake yi in Auta ya kwanta a kansa, mu yi ta ce masa ya gyara, shi kuwa ba ya ji.

Mun zauna muna saurare. Ba ta buɗe hannun ba.

Na ce, "Inna, in kin ce kada in je, ba zan je ba. Motarsu na waje."

Ta ce, a hankali, "Na gan ta. Tun Lahadi nake shanya a tagar nan."

Ta kashe shi ta sa mini a hannu ta naɗe yatsuna a kai. Ta ce in kawo farar rigata ta ɗinke shi a cikin kalmasa, tunda na ce nan ne ba sa dubawa.

Alhamis, ƙarfe takwas na safe

Na goge farar rigata. Takardar na cikin takalmina. Yaya ta ce ita za ta yi gaba, in sun tare ta in wuce kada in waiwaya. Inna ta ɗaura ɗankwalinta na fita, ta ce ba wanda zai yi gaba, tare za mu sauka.

In wani ya tsinci littafin nan, shafi goma sha ɗaya na farko na ƙanena ne. Duk ya ci lissafin.

Alhamis, ƙarfe shida na yamma

Sun tare mu a bakin layi. Sun juye aljihuna duka huɗu. Ba su bi kalmasa da hannu ba.

Na faɗi sunana. Na farke ɗinkin a gabansu na ajiye a kan tebur, da takardar, da katin asibiti. Shugabar kwamitin ta karanta lambar da ƙarfi, ta sake karantawa. Da ta ce wando 217, na ga mai wandon ya sunkuya ya kalli ƙafarsa ta hagu.

Ba a rufe maganar ba. An ɗaga zuwa wata mai zuwa, an ce a kawo littafin motar da ta fita ranar. Lauya ta ce kada in riƙa tafiya ni kaɗai.

Na biya ta shago. Ba a kawo kayan ofis na tsakiyar mako ba, kuma ba za a kawo ba. Madam ta ce in huta tukuna, za ta neme ni. Tsoho ya miƙo mini ƙyallen gugata a ninke.

Yanzu motocin biyu ne a bakin layi. Na tsaya a ƙofar gida ina neman makulli, ina jin idonsu a ƙeyata. Sai taga ta buɗe a bene na uku, Inna ta leƙo.

"Dogo! Ka hau mana, abinci na hucewa! Ka taho da gishiri!"

Har mai gyaran waya sai da ya ɗaga kai.